Wakilin Suna Marar Jinsi: Ina Ribar, Ina Asarar?

A harshen Suwidin, "han" ake ce wa namiji, "hon" kuma mace. A 1966 wani masanin harshe, Rolf Dunås, ya ba da shawara a wata jaridar birnin Uppsala cewa a kwaikwayi maƙwabtansu na Finlan, waɗanda "hän" ɗinsu ke ɗaukar mace da namiji duka, a ƙirƙiro "hen". Shawarar ta daɗe a kwance, sai a 2012 wani littafin yara ya tashe ta, jaridu suka cika da cacar baki. A 2015 cibiyar nan da ke bayar da kyautar Nobel ta adabi ta shigar da kalmar cikin ƙamusunta.

Aiki biyu kalmar take yi, kuma cakuɗa su ne ke rura rigimar. Na farko, a yi maganar mutumin da ba a san jinsinsa ba: mai neman aiki, mai shigar da ƙara, likitan da zai karɓi aikin dare. Na biyu, a kira mutanen da suka ce su ba sa ɗaukar kansu maza ko mata. Waɗannan daban suke da mata-maza, wanda littattafan fiƙihu suka kira khunsa har suka tsara masa rabon gado. Shi nasa lamarin halittar jiki ce, su kuwa nasu yadda suke ji ne a ransu.

Ribar aikin farko a fili take. Mai rubuta doka ko tallar guraben aiki ya huta da maimaita "shi ko ita" a kowane layi, mai karatu kuma ba zai ɗauka cewa kujerar ta maza ce tun kafin a buɗe ta ba. Wani bincike da Margit Tavits da Efrén Pérez suka buga a 2019 ya nuna cewa 'yan Suwidin da aka sa suka yi amfani da "hen" ba su cika saurin kawo namiji a zuciyarsu ba. Turanci ma ya yi ƙarnoni yana amfani da "they" ga mutum guda da ba a san ko wane ne ba, tun kafin ƙamusun Merriam-Webster ya zaɓe ta kalmar shekarar 2019.

A aiki na biyu, masu buƙatar kalmar suna cewa kiransu da abin da suka zaɓa yana rage musu ƙunci a aji da wurin aiki, kuma ba ya cin kuɗin kowa. Wannan hujja tana da nauyi. Ko wanda bai yarda da fahimtarsu ta jinsi ba ya san ciwon a riƙa kiran mutum da sunan da ya tsana.

Sai dai ba kowane harshe ne ke karɓar sabon baƙon cikin sauƙi ba. Lokacin da ƙamusun Le Robert ya sa wakilin suna marar jinsi "iel" a shafinsa na intanet a 2021, ministan ilimin Faransa na lokacin, Jean-Michel Blanquer, ya fito ya soki matakin. Bayan siyasa akwai matsalar nahawu ta gaske, domin a Faransanci sifa ma sai ta bi jinsi, saboda haka sauya kalma ɗaya ba ya kashe wutar. Hausa ta fi haka tsanani: ko a gaisuwa akwai "ka kwana lafiya" da "kin kwana lafiya". Wata mafita ita ce "ku" da "su", waɗanda tuni girmama manya ya riƙe su.

Akwai kuma zuzuta abin fiye da kima. Farisanci da Turkanci ba su bambanta shi da ita, haka Yarbanci da Fulatanci a nan kusa da mu, amma babu mai cewa hakan ya raba matan Iran ko na Ibadan da matsalolinsu.

Babbar illar, a ganina, tana zuwa ne ranar da hukuma ta sa hannu. A jihar Ohio ta Amurka, Jami'ar Shawnee State ta ladabtar da wani farfesan falsafa, Nicholas Meriwether, don ya ƙi kiran wani ɗalibi da aka haifa namiji da wakilin sunan mata, yana mai kafa hujja da addininsa na Kirista. Kotun ɗaukaka ƙara ta goyi bayansa a 2021, jami'ar ta biya dala 400,000 a 2022 aka sasanta. Tilasta wa baki furta abin da zuciya ta ƙi ba ya haifar da mutunta juna. Amma tilasta hani ma tilas ne. Ajantina ta ba da damar sa X a gurbin jinsi a katin shaida a 2021, sai ga birnin Buenos Aires ya hana malamai salon magana marar jinsi a aji a 2022, gwamnatin Javier Milei kuma ta hana shi a takardun gwamnati a 2024. Amurka ta buɗe zaɓin X a fasfo a 2022, Donald Trump ya rufe shi da umarnin da ya sa wa hannu a Janairun 2025. Wanda ya ɗauki waccan takarda da kyakkyawar niyya, shi ne ya kwana a ciki.

A Suwidin ƙurar ta lafa da wuri. "Han" da "hon" suna nan daram, babu dokar da ta kore su, "hen" kuma ta zauna a gefensu, mai so ya ɗauka, har alƙalai da 'yan jarida suna amfani da ita idan ba sa son bayyana ko wa ake nufi.