Gyara Kayanka Ba Ya Zama Sauke Mu Raba: Faifan da Ka Saya da Haƙƙin Adana Shi

A hunturun bara, a hanyata ta zuwa gida Gwarzo, na ratse Kabo don in gaida wani ƙanena, ɗan ƙanwar mahaifiyata, wanda ke sana'ar ɗinki. Na tarar da shi a zaure ya matsa makilin a kan faifai yana murzawa da gefen rigarsa, 'ya'yansa biyu sun zuba wa talabijin ido. Ya wanke faifan, ya busar, ya saka a tsohuwar PlayStation 2 ɗin da yake riƙe da ita tun yana ɗalibi. Na'urar ta yi gurnani, ta yi ƙoƙari, sannan ta nuna jan allon nan da duk wanda ya taɓa riƙe ta ya san ma'anarsa: faifai ya mutu.

Fayafayai goma sha ɗaya yake da su, duka na asali, kowanne a gidansa da ɗan littafinsa, waɗanda ya tsinto ɗaya bayan ɗaya a hannun 'yan gwanjo a Sabon Gari. Shida daga ciki sun daina aiki. Na tambaye shi me ya hana shi kwafe su tun suna da rai. Ya dube ni da mamaki ya ce, "Yaya, ai an ce mana duk kwafi sata ne." A daidai lokacin, ta bayan katanga, muna jiyo ihun yaran maƙwabta suna buga ƙwallo a na'ura iri ɗaya, daga wani filash da aka cika musu da wasanni a kasuwa da kuɗin da bai kai na kwanon masara ba.

Wannan hoto ne ya sa na ɗauki alƙalami. Wanda ya biya kuɗi ya sayi halal yana zaune da matattun fayafayai, wanda bai biya mai fasaha ko kwabo ba yana shan wasansa. Duk ƙa'idar da ke haifar da irin wannan sakamako akwai ɓaraka a cikinta. Matsayina shi ne: mutumin da ya kwafi faifan da ya mallaka ta halal, ya ajiye kwafin don amfanin kansa da iyalinsa, bai saci komai ba. Masu kiransa ɓarawo sun zalunce shi, masu fakewa da hujjarsa su sayar da kayan wasu kuwa sun fi zaluntarsa.

Yadda faifai ke mutuwa a ƙasarmu

Faifan DVD falle biyu ne na roba da aka manne, da siririn shafe mai ƙyalli a tsakani inda bayanai suke. Hasken leza ne ke ratsa robar ya karanto su. Ƙarzuwa tana karkatar da hasken, zafi yana lanƙwasa robar, ƙura tana dusashe idon na'urar. Yanzu a ɗauki wannan kaya a kai shi Getso ko Garo ko Kutama, inda hazon hunturu ke shiga har cikin akwati, inda zafin bazara ke mai da ɗakin kwano tanderu, inda wuta ke ɗaukewa faifai na tsaka da juyawa. Ba sakacin mai shi ba ne ke kashe faifai a nan. Yanayin ƙasa ne.

Idan ya mutu kuma, babu inda za a je. An fitar da PlayStation 2 a shekarar 2000, an sayar da sama da miliyan 155, kuma Sony ya daina ƙera ta a farkon 2013. Ba a buga sababbin fayafayanta. Wani bincike da gidauniyar tarihin wasannin bidiyo ta Amurka ta fitar a 2023 ya nuna kashi 87 cikin ɗari na wasannin da aka fitar a ƙasar kafin 2010 ba a samunsu a kasuwa. Idan haka abin yake a Amurka, ina ga Gwarzo? Wanda faifansa ya lalace ba ciniki ya hana kamfani ba, domin kamfanin da kansa ya tashi daga rumfar.

Kwafin da muke magana a kai ba tsafi ba ne. Faifan PS2 kwamfuta mai ramin DVD tana iya karanta shi, ta tattara abin da ke ciki cikin fayil guda, a ajiye a filash ko wata ma'ajiya, a mayar da faifan gidansa a adana. Inda gizo ke saƙa shi ne wajen kunna kwafin, domin an ƙera na'urar ta ƙi karɓar duk abin da ba faifan kamfani ba, sai an sa mata wata manhaja da ke buɗe mata hanya. A kan wannan makulli ne rigimar ta tsaya.

Abin da doka ta ce

Da yawa daga masu cewa "duk kwafi sata ne" ba su taɓa buɗe dokar da suke kafa hujja da ita ba. Dokar haƙƙin mallakar fasaha ta 2022, wadda shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta halatta kwafar manhajar kwamfuta don adanawa, ko don maye gurbin wadda aka mallaka ta halal idan ta ɓata ko ta lalace. Ta kuma ce duk sharaɗin yarjejeniya da ke neman hana abin da dokar ta halatta ba shi da tasiri. Wasan bidiyo kuwa manhaja ce da aka yi wa sutura da hoto da sauti.

Gaskiya ne dokar ta hana karya makullin fasaha da masu kaya ke sawa, kamar yadda dokar Amurka ta 1998 ta yi. Amma makulli an yi shi ne don ɓarawo, ba don mai gida ba. Idan aka fassara wannan hani ta yadda zai haɗiye izinin adanawa, an ba mutum haƙƙi da hannun dama an karɓe da na hagu ke nan.

Ta fuskar addini ma ba na jayayya da haƙƙin mai fasaha. Majalisar fiƙihu ta ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tabbatar da cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira dukiya ce da ba ya halatta a keta. Tambayar ita ce: me ƙanena ya keta? Ya biya. Bai ba kowa ba. Bai sayar ba. Abin da ya saya jiya shi yake son ya iske gobe.

Hujjojin masu ja, da amsarsu

Na farko suna cewa kowa ya sayi rariya ya san tana zubar da ruwa. Ka sayi faifai ka san zai lalace. Amma ba roba mutum ya saya ba. Robar ba ta kai kuɗin ƙosai ba. Abin da ke cikinta aka biya. Wanda ya sayi littafi ya yi masa bango da fata, ba wanda zai ce ya cuci marubuci don ya hana littafin yagewa.

Na biyu suna cewa ba sayar maka aka yi ba, izinin amfani aka ba ka. To, madalla. Idan izini na saya, lalacewar roba ba ta soke izini, sai a bar ni in ci gaba da amfani. Idan kuwa roba na saya, tawa ce, in yi yadda na ga dama da ita a ɗakina. Abin da ba zai yiwu ba shi ne kamfani ya kira shi izini ranar da nake son kwafa, ya kira shi kaya ranar da ya lalace na nemi canji.

Hujja ta uku ita ce mai nauyi, kuma daga gida take fitowa. Duk ɗan Kano ya ga abin da satar fasaha ta yi wa Kannywood. Furodusa ya sayar da fili ya yi fim, kafin ya kwashe kuɗinsa an cika kasuwa da na jabu, daga baya masu tura fina-finai a waya suka ƙarasa kasuwar faifai. Wanda ya ga wannan yana da dalilin tsanar kalmar kwafi, kuma ba na raina fushinsa.

Sai dai a dubi ɗaya gefen labarin. Tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, an yi ɗaruruwan fina-finai a kaset. Je ka nemi tsaftataccen kwafin waɗanda aka yi a shekaru goman farko, ka ga wahalar da za ka sha. Da dama daga abin da ya rage ya rage ne don wani ya juye kaset ɗinsa kafin zare ya tsinke. Kwafin sayarwa ya cinye kasuwar Kannywood, rashin kwafin adanawa kuma yana cinye tarihinta. Cututtuka biyu ne daban, kuma maganin ɗaya ba ya warkar da ɗaya.

Mu da muka gaji malaman zaure bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. Tarihin sarakunan Kano da Palmer ya fassara ya buga a 1908 ya iso hannunsa ne don wasu sun zauna sun kwafe shi da tawada kafin gara ta cinye takarda. Magabatanmu sun san takarda mai mutuwa ce, don haka suka mai da kwafa hidima. Sun kuma san bambancin mai kwafa don adanawa da mai ɗaukar aikin wani ya ci da shi.

Kada mu yi wa kanmu ƙarya

Yanzu bari in juyo kan namu. Mafi yawan wasannin da ake bugawa a shagunan gem daga Kabo zuwa Gwarzo ba daga faifan asali suka fito ba, kowa ya sani. Mai cika filash da wasanni hamsin ya karɓi kuɗi ba adanawa yake yi ba, ciniki yake yi da kayan da ba nasa ba. Talauci da rashin kasuwar halal suna bayyana dalilin yaɗuwar abin, amma ba sa canza masa suna. Duk lokacin da irin wannan mutum ya ce "ai adanawa nake yi", yana ƙara wa kamfanoni hujjar ƙara makulli, kuma tela mai faifai goma sha ɗaya ne ke biyan tarar.

Iyakar a fili take. Faifan naka ne, ka same shi ta halal. Kwafin yana hannunka, ba ya zuwa kasuwa, ba ya yawo a waya. Ranar da ka sayar da faifan ko ka kyautar, ka goge kwafin. Gyara kayanka ke nan. Abin da ya wuce haka ya zama sauke mu raba.

Gobe ta fi yau tsanani

Wani zai ce ana ta surutu a kan tsohuwar na'ura. Ai tsohuwar ce mai sauƙi. A PS4 da PS5 faifai ya kusa zama mabuɗi kawai, kuma mai shi ba shi da wata halattacciyar hanya mai sauƙi ta kwafarsa. PS5 Pro da ta fito a Nuwamban 2024 ba ta ma zo da ramin faifai ba, sai an saya daban. Konami ya mai da Pro Evolution Soccer, wasan da ya raini samarinmu, zuwa eFootball a 2021, wanda sai an sauke ta intanet. A 2023 kamfanin EA ya janye tsofaffin wasannin FIFA daga shagunansa na intanet, Nintendo kuma ya rufe shagon 3DS da Wii U a watan Maris na shekarar. A ƙarshen Maris na 2024 Ubisoft ya kashe wasan The Crew baki ɗaya, har waɗanda ke riƙe da faifansa suka wayi gari da roba mara amfani.

Turawa ba su yi shiru ba. Koken da aka shigar gaban Tarayyar Turai kan kashe wasannin da mutane suka saya ya tara sa hannu sama da miliyan ɗaya a 2025, jihar Kalifoniya kuma ta yi doka a 2024 da ke tilasta wa masu sayarwa su faɗa wa mutum idan izini kawai yake saya. Waɗannan mutane ne masu intanet mai ƙarfi da wutar da ba ta ɗaukewa. Idan gemunsu ya kama wuta, mu da ke sayen data da awo sai mu shafa wa namu ruwa. Duniyar da komai ke zaune a rumbun kamfani ana ba ka aro, duniya ce da yaron Lakwaya zai zama ɗan kallo, kuma zanen aro ba ya rufe katara. Yau wasa ne. Gobe littafin makaranta ne da karatun malamai da fim.

Saboda haka ina kira ga Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Najeriya ta fito ta bayyana wa jama'a, da Hausa, a gidajen rediyon Kano, abin da doka ta halatta, ba abin da ta haramta kaɗai ba. Hukumar da ba a jin muryarta sai ranar kame tana koya wa mutane tsoro ne, ba doka ba. Ina kira ga masu gyaran na'urori su riƙa tambayar faifan asali kafin su kwafa, su mai da adanawa sana'a mai mutunci. Ina kuma kira ga 'yan fim da mawaƙanmu su zama na farko wajen kare wannan bambanci, domin aikinsu ne zai fi cin moriyarsa.

Kafin in bar Kabo ranar, na karɓi fayafayai biyar da suka rage na tafi da su. Huɗu sun kwafu lafiya. Na biyar ya tsaya a tsakiya, ya ƙi gaba. Mun makara da shi. Na mayar wa ƙanena kayansa da filash guda, na ce ya sa fayafayan a ƙasan akwati inda ƙura ba ta kai. Ya juya filash ɗin a tafin hannunsa ya ce, "Yaya, da na sani tun shekara biyar baya, da shidan nan ma suna nan."