Batun Waɗanda Aka Ɗauke: Saƙo Ga Matan Jam'iyya



Akwai maganar da ke yawo a zaurukanmu, wai batun mutanen da suka ɓace da waɗanda ake tsare da su ba shari'a aikin lauyoyi ne, mu namu anko da guɗa ranar gangami. Wallahi ban yarda ba. Idan aka ɗauke maigida da tsakar dare, wa ake bari da yara da kuɗin haya? Ita ba mai miji ba, ba mai takaba ba, gado ma ba ya rabuwa. A mazhabar Malikiyya shekara huɗu matar wanda ya ɓace ke jira bayan ta kai magana gaban alƙali, sannan ta yi idda. Shekara huɗu fa, jama'a!

Ku tuna Abubakar Idris Dadiyata, malami a Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma. Farkon watan Agusta 2019 wasu mutane suka ɗauke shi da dare a gidansa na Barnawa, Kaduna. Matarsa ta shigar da ƙara kotu, DSS da 'yan sanda suka ce ba ya hannunsu. To, mun ji. Amma aikin wa ne nemo shi? Mahaifiyarsa ta rasu a 2022 ba ta sake ganin ɗanta ba. A Borno kuwa, matan ƙungiyar Knifar sun shafe shekaru suna kai koke kan mazajensu da aka tsare a barikin Giwa. Matan gudun hijira ne, ba mai kujera a cikinsu, amma ba su yi shiru ba.

Masu cewa "a bar wa Allah" su sani, addu'a ba ta hana shigar da ƙara. Sashe na 35 na kundin tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama gaban alƙali cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, kwana biyu. Ƙa'idojin kare haƙƙin ɗan Adam na 2009 sun ba uwa ko mata ko 'yar'uwa damar shigar da ƙara a madadin wanda ke tsare. Haƙƙinki ne Hajiya, ba alfarma kike roƙo ba.

Na san za a ce ai umarnin kotun ma ba a bi. Gaskiya ne. A Disamba 2016 kotu ta ce a saki Sheikh Zakzaky da matarsa, ba su fito ba sai Yuli 2021. Abin kunya ne ga duk gwamnatin da ta yi haka, ko da tamu ce. Amma takardar kotu ita ke tilasta hukuma ta buɗe baki ta amsa a rubuce. Yaran nan da aka kama a zanga-zangar Agusta 2024, wata uku suna tsare, sai ranar da aka kawo su kotu a Abuja wasunsu suka yanke jiki suka faɗi, duniya ta gani, cikin 'yan kwanaki aka sake su.

Don haka kowace shugabar mata ta bincika mazaɓarta. Inda aka ɗauke wani, a rubuta rana, wuri, irin motar, da wanda ya gani. A raka iyalin ofishin Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa ko wajen lauyoyin FIDA. Ba ruwanmu da katin jam'iyyar da ke aljihun mijinta. Ranar zaman kotu kuma motar da ke kwasar mu zuwa gangami ita za ta kai mu, mu cika benci a bayanta.

Duk ɗan takarar da ya zo da atamfa da sabulu, ku fara tambayarsa me ya taɓa cewa a kan Dadiyata.

A tura wa sauran zauruka.