Kafin A Yanka Rago

Wata sabuwar al'ada ta shigo mana gari, kuma mu ɗalibai mu ne dillalanta. Idan aka yi haihuwa a Talata Mafara ko Bakura ko Maradun, sunan yanka har gobe yana hannun uban jariri da liman. Amma sunan da za a riƙa kiran yaro da shi a tsakar gida, wanda a da kakanni ke laƙabawa, yanzu sai a miƙo wa ɗan makaranta waya a ce ya duba intanet ya samo mai daɗi wanda ba kowa ke da shi ba. An gama da na Larabci, an taɓa na Turkiyya, ga shi an fara kai hannu ga na Suwahili. Mu kuwa don kada a ce karatunmu bai kai ba, abin da muka fara cin karo da shi shi muke karantowa, har da fassararsa, kai ka ce a Zanzibar aka yanke mana cibiya.

Bari mu ɗauki Nala, sunan zakanyar nan ta fim ɗin zane The Lion King na 1994. Jerin sunayen da ke yawo suna cewa wai ma'anarsa "kyauta" da Suwahili. To, kyauta a wannan harshe zawadi ce, kuma Zawadi suna ne da ake sa wa 'ya'ya a Kenya da Tanzaniya. Wanda ya ce nala kuwa, abin da nahawun harshen ya ba shi shi ne "ina ci", daga aikatau kula, wato cin abinci. Akwai kalmar inala mai nufin yalwar amfanin gona, amma ta Zulu ce, can Afirka ta Kudu, tafiyar dubban kilomita daga gaɓar Suwahilawa. Abin da ke ruɗa mutane shi ne sauran sunayen fim ɗin daidai suke: simba zaki ne, rafiki aboki ne. Gaskiya biyu suka yi wa ta ukun rakiya ta wuce ba wanda ya tare ta.

Yawancin waɗannan jerin ba daga Afirka ta Gabas suka taso ba. A 1966 Maulana Karenga ya ƙirƙiro bikin Kwanzaa ga baƙaƙen Amurka, ya aro kalmar kwanza mai nufin farko ya ƙara mata harafi guda, ya kuma gina bikin a kan ginshiƙai 7 masu sunayen Suwahili, cikinsu har da Nia da Imani. Tun daga wancan zamani sunayen Suwahili suka sami kasuwa a can. Ba mu ga laifinsu ba ko kaɗan. Mutanen da cinikin bayi ya raba da sunayen kakanninsu suna da hujjar neman madadi. Amma kaya idan ya bi hannu da yawa sai ya iso da ƙura, kuma masu kwafe jerin daga juna neman masu karatu suke yi, ba su da ɗan da zai amsa sunan har ya yi furfura.

Abin mamaki, sunayen da fassararsu ta tabbata yawancinsu muna da su a ɗaka. Nia ita ce niyya. Imani imani ne, ko wasali bai sauya ba. Rehema rahama ce, Neema ni'ima, Baraka albarka. Larabci ne ya shiga Suwahili ta jiragen ruwan tekun Indiya kamar yadda ya shigo Hausa ta ayarin Sahara da zauren malamai. Ashe wanda ya tsallake Rahama da Ni'ima ya ɗauko Rehema da Neema, tsohuwar rigarsa ya sayo a kasuwar nesa.

Sai kuma batun kunne, wanda babu jerin da zai gaya mana. Yaro a Bakura zai yi wasa, ba a Mombasa ba. Baraka suna ne mai kyau, amma tsakaninsa da ɓaraka ƙugiya ɗaya ce, kuma yaran makarantar allo ba za su yi kwana biyu ba su gano haka ba. Harsunan biyu suna da tarko irin wannan da yawa: kaka a wurinsu yaya ne namiji, kuku kuma kaza ce. Haka Tatu, wanda wani zai ɗauka 'yar'uwar Talatu ce. Tatu uku ne, ana sa wa 'ya ta uku. Ranarsu mai lamba uku, Jumatatu, Litinin ce, domin daga Asabar suke fara ƙirga. Ranar da garin Mafara ya ɗauki sunanta, su Jumanne suke ce mata, rana ta huɗu.

Bincike ba wuya gare shi ba. Kamar yadda muke da ƙamus ɗin Bargery na 1934, su ma suna da na Frederick Johnson na 1939, da Kamusi ya Kiswahili Sanifu wanda Jami'ar Dar es Salaam ta tsara ya fito a 1981. Kalmar da ba ta cikinsu, mu ce ba mu same ta ba, faɗin hakan ba ya rage wa ɗalibi daraja. Wadda ke ciki, mu karanta dukkan ma'anoninta, mu kuma furta ta da ƙarfi a gaban wata tsohuwa mu ga ko za ta yi dariya. Daga haihuwa zuwa suna kwana 7 ne, sun isa a yi wannan har a tambayi mai harshen, tunda wayar da ta kawo jerin tana iya kai saƙo Dar es Salaam.

Kuma kada a manta akwai sunayen da hujjarsu ke zaune a bakin murhu. Nomau lokacin noma ya zo duniya, Shekarau ya daɗe a ciki, Cindo yatsa shida gare shi, Gambo tagwaye ya biyo, Tanko mata ne a gabansa. Muna roƙon 'yan'uwa masu zuwa hutu, idan aka miƙo muku waya, ku fara tambayar ranar da aka haihu da wanda jaririn ya biyo.