Ba Mujalla Ce Ta Koya Wa Kakanninmu Ado Ba

Wata magana ta kama bakin samarinmu a Fau da Gadarif, suna yaɗa ta a Facebook haɗe da tsoffin hotuna: wai a shekarun 1950 da 1960 ne maza suka san ado, zamanin kwat da nakatai da gashi mai sheƙin Brylcreem, kuma wai mujallu ne suka waye mana kai. Ban yarda ba, kuma maganar tana ci mini rai.

A dubi mujallun tukuna. Esquire ta fito a Amurka a 1933, Playboy a 1953. An kafa Drum a Afirka ta Kudu a 1951, daga baya ta riƙa fitar da bugun Legas. A Khartum kuwa na Masar ne a hannun 'yan boko, irin su Al-Musawwar da Akhir Sa'a. Dukkansu da talla suke rayuwa. Mai sigari da mai agogo da mai man gashi ne ke biyan kuɗin ɗab'i, don haka namijin da ake nunawa a shafukan shi ne wanda ake so ya saya. Duk wanda ya ɗauki hoton nan a matsayin tarihin maza, tallar ɗan kasuwa ya mayar shaida.

Kuma su wa ke karanta su? Tsirarun ma'aikatan gwamnati ne da waɗanda suka fito daga Kwalejin Gordon. Kakanninmu ba sa cikinsu. Hanyar hajji ce ta kawo su ƙasar nan ta Sudan, wasu kuma sun biyo Muhammadu Bello Mai Wurno bayan yaƙin Burmi na 1903. Su ne suka tsinci audugar Jazira bayan an gama madatsar Sinnar a 1925, su ne suka yanki dawa da riɗi a gonakin Gadarif. Mai ɗaukar hoto bai bi su gona ba, bai kuma tsaya ƙofar masallacinsu ranar Juma'a ba. Da ya tsaya, da ya ga riga mai aska takwas wadda maɗinki ya ɗauki watanni yana yi wa aikin hannu, da rawanin turkuɗi rinin Kura, da kuma farar jallabiya da takalmin markub da suka koya wurin maƙwabta. Mutumin da ya yini cikin ƙura yakan tara kuɗin kaka guda don riga ɗaya, ya adana ta har ɗansa ya gada. Masu yanke hukuncin kyau su ne tela da dattawan unguwa, kuma idonsu ya fi na kowane edita kaifi.

Ko a cikin 'yan bokon ma ba kowa ya miƙa wuya ba. Abubakar Tafawa Ɓalewa ya yi jawabi a Majalisar Ɗinkin Duniya a Oktoban 1960 sanye da babbar riga da hula.

Ban hana kowa sa kwat ba. Abin da na ƙi shi ne yaro ya sayi gwanjo a kasuwa, ya dawo gida yana kallon rigar mahaifinsa a matsayin ƙauyanci. Yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya riga ya raba gidaje da yawa da kayan gadonsu. Samari, in akwai sauran dattijo a gidanku, ku roƙe shi ya buɗe adakarsa, ku ɗauki hoton rigunan, ku rubuta sunan kowane aiki da na wanda ya ɗinka shi.