Shekara 50 a Bakin Ƙanƙara: Abin da Jerry York Ya Nuna Game da Haƙuri da Mai Horarwa

Yau za mu leƙa wani wasa da yawancinmu ba mu taɓa gani ido da ido ba, wato hoki na kan ƙanƙara. Kowane ɓangare na saka mutum shida a fili har da mai tsaron raga. Suna sulɓi da takalma masu ƙarfe a ƙasa, suna kora wani ɗan baƙin faifan roba da sanduna, a zango uku na minti 20 kowanne. A arewacin Amurka jami'o'i na ɗaukar wasan da muhimmanci ƙwarai, kuma a can ne Jerry York ya shafe shekara 50 yana shugabantar masu horarwa.

An haife shi a 1945 a Watertown, jihar Massachusetts, ya kuma buga wa Boston College wasa lokacin yana ɗalibi. A 1972, tun bai kai shekara 30 ba, aka ba shi ƙungiyar Clarkson. A 1979 ya koma Bowling Green, inda ya ci kofin ƙasa na jami'o'i a 1984, bayan wasan ƙarshe da Minnesota Duluth wanda sai da aka ƙara lokaci har sau huɗu kafin a tashi 5 da 4. A 1994 ya dawo tsohuwar makarantarsa, ya zauna shekara 28, ya ƙara kofi huɗu: 2001, 2008, 2010 da 2012. Da ya ajiye aiki a Afrilun 2022 yana da nasara 1,123, adadin da babu wani koci na manyan jami'o'in Amurka da ya kai a wannan wasa.

Duk wanda ya ji waɗannan alƙaluma zai ce ai dole a bar shi ya daɗe. Mu kuwa muna ganin abin a juye yake: barin sa da aka yi ya daɗe ne ya haifar da alƙaluman. A kakar wasa uku na farko da ya yi a Boston College, rashin nasararsa ya fi nasararsa yawa. A 1998 ya kai wasan ƙarshe, Michigan ta doke shi. A 2000 ya sake kaiwa, North Dakota ta doke shi. Sai a shekara ta bakwai kofi ya zo, na farko da makarantar ta ɗauka tun 1949. Da a ce shugabanninta irin masu sallamar koci ne da zarar magoya baya sun fara gunaguni, da an kore shi tun 1997, kuma da babu wanda zai san abin da aka yi asara.

Akwai dalilin da ya sa haƙuri ya fi zama dole a wasan jami'a. Kocin ƙungiyar ƙwararru na iya sayen ɗan wasan da ya riga ya goge. Kocin jami'a kuwa matashi yake ɗaukowa, ya koya masa, kuma cikin shekara huɗu yaron ya gama karatu ya tafi. Gwanayen ma ba sa jira su cika huɗun, manyan ƙungiyoyi ke ɗauke su. Johnny Gaudreau shekara uku ya yi a hannun York kafin ya wuce Calgary. Ke nan kowace shekara sai an sake gini. Abin da ke ɗorewa kawai shi ne tsarin da kocin ya kafa da amanar da iyaye ke ba shi idan ya zo neman ɗansu, kuma waɗannan biyun ba a gina su a kaka ɗaya ko biyu.

Ba za mu ɓoye hujjar masu ja da wannan ra'ayi ba, domin tana da nauyi. Suna cewa wanda ya daɗe a kujera yana tare wa na ƙasa hanya, kuma tsohon suna kan rufe gazawar yau. Gaskiya ne daga 2012 har ya tafi York bai sake ɗaukar kofin ƙasa ba, kuma kakarsa ta ƙarshe ta zo da rashin nasara fiye da nasara. Amma mu dubi yadda ya fita. Da kansa ya sauka yana da shekara 76, kuma wanda ya gaje shi, Greg Brown, ya daɗe yana mataimakinsa a makarantar. A 2024 Brown ya kai ƙungiyar wasan ƙarshe na ƙasa. Wanda ya tare hanya ba ya barin magaji irin wannan a bayansa.

Saboda haka ma'aunin da muke kawowa shi ne: kada a tambayi shekara nawa mutum ya yi a kan aiki, a tambayi su wa suka fito daga hannunsa, da kuma halin da ya bar wurin a ciki. Idan amsar mai kyau ce, daɗewarsa riba ce ga kowa, da tsohuwar zuma ake magani. Idan kuwa ya yi shekara 20 ba a ga ko mutum ɗaya da ya raina ba, to korafin masu korafi na kan hanya.

Mun zaɓi York ne domin labarinsa ya haɗa abu biyu da ba kasafai ake samunsu tare ba: makarantar da ta jure shekarun fari, da mutumin da ya san lokacin miƙa sanda. A cikinmu akwai waɗanda wata rana za su riƙe wani aiki, akwai kuma waɗanda za su yanke hukunci a kan masu riƙe da shi. Duka biyun muna so su tuna da 1997, shekarar da sallamar Jerry York za ta yi kama da shawara mai hikima.

Sai mun ji ra'ayoyinku, 'yan uwa.