Mai Mota Ya Zaɓi Filtar Mai Ya Ɗaura da Kansa: Fa'idodi da Illoli

A cikin kayan da ake sauya wa ƙaramar mota lokaci zuwa lokaci, da wuya a sami wanda ya kai filtar mai araha, da wuya kuma a sami wanda masu mota suka fi jahilta. Abin da akasarinmu muka saba shi ne, idan lokacin juyen mai ya yi a kai mota gareji, a miƙa kuɗin baƙin mai da na filta, yaron bakanike ya hau babur ya je ya sayo. Abin da ya sayo da abin da aka ɗaura, sai Allah sai su. Tsadar kaya da yawan jabu sun sa wasu masu mota sun fara shiga kasuwa da ƙafarsu, wasu ma har suna shimfiɗa tabarma a ƙofar gida su yi aikin da hannunsu. Wannan sabon hali yana da amfani, yana kuma da nasa haɗarin. Domin a auna su da kyau, bari mu ɗauki Toyota Corolla misali, tunda da wuya ka tsaya a bakin titi a Kano ko Kaduna ko Gusau ba ka ga ta wuce ba.

Aikin da filta ke yi

Idan inji ya tashi, famfon mai yana zuƙo mai daga kaskon da ke ƙasan inji, ya tura shi ta cikin filta, daga nan ya wuce zuwa duk inda ƙarfe ke gugar ƙarfe. Corolla mai inji 1.8 tana shan mai wajen lita huɗu, kuma wannan lita huɗun ce ke ta zagayawa ta cikin filta muddin mota na tafiya. A cikin gwangwanin filtar akwai takarda ta musamman da aka naɗe ninki-ninki, mai tare garin ƙarfe da toka da ƙurar da ta sulale ta shiga. Ƙwayoyin da take kamawa ido ba ya ganinsu. Kaurin silin gashin mutum yakan kai maikuron 70, filta ta gari kuwa tana tare abin da bai wuce maikuron 20 zuwa 40 ba.

Ban da takarda, akwai wasu ƙananan abubuwa biyu masu muhimmanci. Na farko bawul ne da ke buɗewa idan takarda ta toshe, domin mai ya wuce ko ba a tace shi ba, tunda mai mai datti ya fi babu mai sam. Na biyu wata roba ce da ke hana mai tsiyayewa ya koma ƙasa idan an kashe mota, saboda da safe inji kada ya tashi a bushe. Da takardar, da bawul ɗin, da robar, duk a cikin gwangwani suke a rufe, mai saye ba ya ganin ingancinsu. Nan ne tushen duk rigimar filta.

Fa'idodi

Babbar fa'idar zuwa kasuwa da kanka ita ce sanin abin da kuɗinka ya saya. A Ƙofar Ruwa ta Kano ko Panteka ta Kaduna, da ka ce a ba ka filtar Corolla, tambayar da za ta biyo baya ita ce, "Alhaji, mai kyau za a kawo ko mai sauƙi?" Idan yaron gareji aka aika, shi zai amsa wannan tambaya, kuma ba kowane yaro ne zai ga canji yana shirin zama a aljihunsa ya kau da kai ba. Wasu garejin ma ba a sauya filtar, a goge tsohuwar da tsumma ta yi ƙyalli a bar ta a wurinta. Wanda ya sayo da kansa, ya ga an kwance tsohuwa an ɗaura sabuwa, ya rufe wannan ƙofa.

Fa'ida ta biyu ita ce samun wadda ta dace da motarka. Sunan mota kaɗai ba ya isa. Corolla ƙirar 2003 zuwa 2008 tana amfani da filtar gwangwani da ake murzawa gaba ɗaya, amma 'yar Amurka ƙirar 2009 da shekarun da suka biyo ta kusa takardar kawai ake sauyawa, gidanta yana nan liƙe a jikin inji. Mai motar da ya buɗe littafin motarsa, ko ya kwafi lambar da ke jikin filtar asali, zai shiga shago da lamba a hannu, ba sai an gwada masa da ido an ce "ai duk ɗaya ne" ba.

Sai kuma kiyaye lokaci. Mutumin da ya iya aikin ba ya jiran sai ya sami ranar da zai ɓata a gareji. Wannan yana da nauyi a ƙasarmu, domin ƙurar hunturu, zafin bazara, cunkoson gari da gajeriyar zirga-zirga daga gida zuwa kasuwa duk suna cikin abin da kamfanonin mota ke kira aiki mai tsanani, wanda ke bukatar a gajarta tazarar juye. Shi ya sa makanikai da yawa ke ba da shawarar a yi juye duk kilomita 5,000. Mai lura da motarsa zai kuma gane cewa motocin da aka shigo da su daga Amurka da mil suke lissafi, kuma mil ɗaya kilomita 1.6 ce. Wanda ya jira agogon mota ya cika 5,000 alhali da mil yake ƙirga, ya riga ya ci kilomita 8,000.

Akwai kuma ilimin da ake samu a ƙarƙashin mota. Wanda ya kwance noti ya ga mai yana zuba cikin roba, zai ga launinsa da kaurinsa. Idan ya fito fari-fari kamar an dama shi da madara, ruwa ne ke shiga inji. Idan yana walƙiya da ƙananan ɓarɓashin ƙarfe, wani abu yana cinyewa a ciki. Idan yana warin fetur, akwai abin dubawa. Waɗannan alamu ne da ke bayyana tun kafin inji ya fara ƙara, kuma yaron da ke gaggawar gama mota biyar kafin azahar ba lallai ya tsaya duba su ba.

Ƙaramar fa'ida, amma ta gaske, ita ce ɗauri daidai wa daida. Ƙa'idar filtar gwangwani ita ce a shafa wa robar bakinta ɗan sabon mai da yatsa, a murza da hannu har robar ta taɓa jikin inji, sannan a ƙara kusan kashi uku cikin huɗu na zagaye guda. Shi ke nan. A gareji da yawa da ƙarfe ake danne ta, ranar cirewa kuma sai an soke ta da sukundireba ana kokawa. Kuɗin aikin da za a rage idan mutum ya yi da kansa kuwa ba shi da yawa, amma a shekara yana taruwa.

Illoli

Illa ta farko tana nan a kasuwar da aka je neman tsira. Masu jabu sun ƙware, kwalinsu da fentinsu da rubutunsu duk sak na asali. Bakaniken da ya shekara ashirin yana riƙe filta yakan gane ta gari daga nauyinta a tafin hannu, da laushin robarta, da tsaftar ramukanta. Sabon shiga ba shi da wannan ido, sai ya biya kuɗin gangariya a ba shi jabu yana godiya. Wanda ya taɓa ganin an yanka filtar jabu da zarto ya san abin da ke ciki: takarda 'yar kaɗan, ninkinta a warwatse, gam ya saki, wani lokaci bawul ɗin ma babu shi. Araha ba ta ado, amma tsada ma ba shaida ba ce. Kariyar da ta rage ita ce sayen kaya a wurin dillalin da aka sani, wanda yake da shago tsayayye da sunan da yake tsoron ɓatawa.

Illa ta biyu ita ce filtar da ta shiga amma ba ta wurin ba ce. Tiredin filtar tsofaffin Corolla da inci aka auna shi, kashi uku cikin huɗu na inci, wato milimita 19 da ɗan ɗoriya. Na Honda da Hyundai da yawa kuwa milimita 20 ne. Bambancin bai kai milimita guda ba, saboda haka filtar Honda tana iya hawa kan Toyota ta yi kamar ta zauna. Sai an hau babban titi, mai ya yi zafi, ƙarfin famfo ya ƙaru, sannan ta saki. Ko tiredi ya dace, ƙarfin da bawul ke buɗewa a kai ya bambanta daga mota zuwa mota.

Ta uku, kuskuren hannu. Mafi sharrinsa shi ne roba biyu. Wani lokaci idan aka kwance tsohuwar filta, robar bakinta takan maƙale a jikin inji, baƙa a kan baƙin ƙarfe, a wurin da haske ba ya kaiwa sosai. Idan aka ɗaura sabuwa a kanta, da farko ba za a ga komai ba. Da an tayar da mota sai mai ya yi tsartuwa ta tsakanin robobin, lita huɗun nan ta ƙare a ƙasa cikin ɗan lokaci. Idan direba bai lura da jar fitilar mai ba, ko ya ce bari ya lallaɓa ya ƙarasa gida, inji zai buga. A nan abin da aka yi tattali a shekara goma ba zai biya sauke inji sau ɗaya ba.

Corolla mai gidan takarda tana da nata tarkon. Murfin gidan na roba ne mai tauri, kuma yana bukatar sifana ta musamman mai faɗin milimita 64 da ke hawa kansa cif. Wanda ya kama shi da filaya ko ya buga shi da guduma zai tsaga shi. Akwai kuma siririn zoben roba da ke zuwa a kwali ɗaya da sabuwar takarda, wanda dole a sauya shi a kuma zaunar da shi a kwarinsa. Idan aka manta, ko ya murɗe wajen ɗauri, yoyo ya samu.

Haɗarin bai tsaya kan mota ba. Jak ɗin da ke zuwa da mota don sauya taya aka yi shi, ba don mutum ya kwanta a ƙarƙashi ba, balle a kan rairayi ko ƙasa mai laushi. Gareji yana da rami ko ƙafafun ƙarfe na tokare mota, ƙofar gida ba ta da su. Man da ya fito daga injin da bai huce ba yana ƙona fata, kuma littattafan motoci suna gargaɗi a kan yawan barin tsohon mai a jiki saboda haɗarin cutar daji ta fata.

Sannan ina za a kai tsohon man? A gareji akan tara shi a jarka, akwai masu zuwa saye. A gida kuwa sau da yawa kwata ce makomarsa, ko bayan katanga. A unguwannin da jama'a ke shan ruwan rijiya da burtsatse, wannan zalunci ne ga maƙwabta, domin mai kaɗan yana ɓata ruwa mai yawa. Tsohuwar filta ma cike take da mai, bai kamata a jefa ta bola inda yara da awaki ke yawo ba.

Akwai wata asara da ba a cika lissafawa ba. Bakanike na ƙwarai idan ya shiga ƙarƙashin mota ba mai kawai yake dubawa ba. Zai hangi robar shaf da ta yage, bel da ya tsattsage, tiyon birki da ke gumi, ya ce, "Yallaɓai, wannan fa a duba shi kafin a yi tafiya." Wanda ya daina zuwa gareji sai ran da mota ta mutu ya rasa wannan ido, ya kuma rasa sabon da ke sa bakanike ya taso da daddare ya same shi a hanya.

A ina ma'auni ya rinjaya?

Idan aka jera su gefe da gefe, za a ga yawancin fa'idodin suna wajen zaɓe ne da sa ido, yawancin illoli masu tsada kuma suna wajen ɗauri. Saboda haka aikin ya kamata a raba shi biyu. Zaɓen filta haƙƙin mai mota ne, namiji ne ko mace, ya iya riƙe sifana ko bai iya ba: ya san shekarar motarsa da lambar filtarta, ya sami dillali amintacce ya riƙe shi, ya sauya filta a kowane juye, domin tsohuwa tana riƙe da datti da ragowar tsohon mai da za su gurɓata sabo. Ya kuma tuna da filtar iska, tunda ta nan ne ƙura ta fi shiga inji.

Ɗauri kuwa ya danganta da hali. Mai Corolla ta filtar gwangwani, wanda yake da daɓen siminti, da abin tokare mota, da wurin kai tsohon mai, zai iya koyon aikin a wurin bakanikensa ya riƙa yi a gida lafiya lau. Wanda bai da waɗannan, ko motarsa mai gidan takarda ce kuma ba shi da sifanarta, ya kai gareji da filtarsa a hannu ya tsaya a kan aikin. Ko wa ya ɗaura, kada mota ta bar wurin sai an ga tsohuwar roba ta fito tare da tsohuwar filta, an tayar da inji jar fitila ta mutu cikin 'yan daƙiƙoƙi, an leƙa ƙasa ba ɗigo, sannan an kashe an jira mintuna kaɗan an sake auna mai.