Kafin Mu Sa Hannu A Kan Bashin Gida, Mu Tambayi Jimla

Babu iyalin da ba ya marmarin ya kwana a ƙarƙashin rufin kansa. Yawancinmu da ke zaune a birane 'yan haya ne, kuma mun san yadda zuciya take bugawa idan shekara ta zagayo mai gida ya aiko da saƙon ƙari. Saboda haka idan aka ce wa ma'aikaci banki zai biya masa kuɗin gida, shi kuma ya riƙa mayarwa kaɗan-kaɗan, tambaya ɗaya ce takan fito daga bakinsa: nawa ne a wata? Idan albashi zai ɗauka, sai ya nemi biro.

Mu dai a ganinmu wannan tambaya ba ta isa ba. Kada wani a cikinmu ya jinginar da gida sai ya san abu uku: abin da zai biya a wata, abin da zai biya gaba ɗaya daga ranar farko zuwa ta ƙarshe, da abin da zai sami iyalinsa idan biyan ya tsaya a hanya. Bari mu bi su da lissafi, gama a nan ne mutane da yawa suke tuntuɓe.

Yadda ake raba kuɗin wata

Mu ɗauki rancen da ma'aikata suka fi sani, na Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, wanda aka kafa da doka a 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yake kula da shi. Daga albashin ma'aikacin gwamnati ake cire kashi 2.5 cikin ɗari kowane wata a zuba a wannan asusu. Wanda yake zubawa yana iya neman rance a kan ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, ya biya cikin shekaru da ba su wuce 30 ba.

A ce ɗan'uwa ya karɓi Naira miliyan 10 a kan wannan sharaɗi na shekara 30. Biyansa na wata zai zama Naira 59,955. Wannan adadi ba ya canzawa, amma abin da ke cikinsa yana canzawa. Kowane wata banki yakan fara cire ruwansa a kan bashin da ya rage, sauran ne kawai yake rage uwar kuɗin. A watan farko ruwan Naira miliyan 10 shi ne Naira 50,000. Ke nan abin da ya taɓa bashin kansa Naira 9,955 ne kawai.

Haka abin zai riƙa tafiya a hankali. Bayan shekara 10 ɗan'uwan nan ya biya wajen Naira miliyan 7.2, amma idan ya je ya tambaya za a gaya masa har yanzu ana binsa wajen miliyan 8.4. Ba a cuce shi ba, ba kuwa kuskuren magatakarda ba ne. Haka lissafin yake tun ranar da ya sa hannu. Sai a cikin shekara ta 19 ne abin da yake rage uwar kuɗi zai fara fin abin da yake tafiya a ruwa. Ranar da ya gama, jimlar abin da ya biya ta kai wajen Naira miliyan 21.6. Ya ranci kuɗin gida ɗaya, ya biya na gida biyu har da ɗori.

Shekaru da ruwa

Abu biyu ne suke kumbura jimla: yawan shekaru da yawan ruwa. Wannan miliyan 10 ɗin, a kan kashi 6, idan aka biya cikin shekara 20, kuɗin wata zai zama Naira 71,643, jimla kuwa wajen miliyan 17.2. Ƙarin da bai kai Naira 12,000 a wata ba ya ceto fiye da miliyan 4. Idan cikin shekara 15 ne, kuɗin wata Naira 84,386, jimla wajen miliyan 15.2. Wannan na ƙarshe ya shafi waɗanda suka manyanta a aiki, domin akan daidaita tsawon rance da shekarun da suka rage wa mutum. Mai shekara 45 kada ya yi lissafinsa da adadin shekara 30 da ya ji a bakin ƙaninsa.

Yanzu mu bar asusun gwamnati mu shiga bankin kasuwa, inda wanda bai samu na NHF ba yakan nufa. A Nuwamba 2024 Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin ɗari, bankuna kuwa daga wannan ma'auni suke auna nasu. Don misali mu ɗauki kashi 24. Miliyan 10 na shekara 10 zai ci Naira 220,481 a wata, jimla wajen miliyan 26.5. Idan mutum ya ce abin ya yi masa nauyi, a ƙara masa zuwa shekara 20, kuɗin wata zai sauka zuwa Naira 201,741 kawai, amma jimla za ta haura miliyan 48. Sauƙin da bai kai Naira 19,000 a wata ba ya jawo ƙarin wajen miliyan 22. Inda ruwa yake da yawa, ƙara shekaru ba ya kawo hutu, sai dai ya tsawaita wahala.

Akwai tambaya biyu game da ruwa da ya kamata a sami amsarsu a rubuce. Ta farko, tsayayye ne ko mai motsi? Takardun rance da yawa suna ɗauke da layin da ya ba banki ikon ƙara ruwa idan kasuwa ta canza. Wanda ya sa hannu a kan irin wannan bai san kuɗin watansa na baɗi ba. Ta biyu, a kan me ake lissafa shi, a kan bashin da ya rage ko a kan dukan kuɗin da aka karɓa tun farko? Wasu ƙungiyoyin gama kai da masu gina gidajen sayarwa sukan bi hanya ta biyu. Kashi 6 na miliyan 10 shi ne Naira 600,000. Idan aka ɗora shi kowace shekara har shekara 20 ba tare da ragi ba, jimla ta zama miliyan 22, maimakon 17.2. Dukansu biyu “kashi 6” ake kiransu, amma tsakaninsu akwai kusan miliyan 5.

Kuɗin da ba ya cikin lissafin wata

Kafin a miƙa mabuɗi akwai kuɗin da yake fita daga aljihu a dunƙule. Akwai kafin alƙalami, wato kason da mai saye yake ajiyewa daga nasa. Akwai ladan lauya, da na mai kimanta darajar gida, da kuɗin binciken takardu a ma'aikatar filaye, da kuɗin da bankin yake karɓa na shirya rancen. Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta ce ba a jinginar da filin da yake da takardar shaidar mallaka sai da yardar gwamna, neman wannan yarda kuwa yana da nasa kuɗi, haka harajin hatimi da rajista. Bayan an shiga gida kuma akwai inshora da harajin fili kowace shekara, ga gyaran rufi da famfo wanda dā mai gida ne yake ɗauka.

Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa, PenCom, ta ba da damar a ciri har kashi 25 cikin ɗari na ajiyar fansho a biya kafin alƙalami. Dama ce mai amfani, amma mu tuna abin da aka cire yau shi ne zai ragu daga fanshon tsufa. Shi ma a sa shi cikin jimla.

Ƙa'idar da aka saba bi ita ce biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashi. Ke nan mai son ɗaukar Naira 59,955 yana bukatar albashin wajen Naira 180,000. Mafi ƙarancin albashi da aka sa wa hannu a 2024 Naira 70,000 ne, sulusinsa kuwa ba zai ɗauki rancen da ya kai miliyan 4 ba, ko da na shekara 30 ne a kan kashi 6. Kada mu yi wa wannan ƙa'ida dabara ta wurin nuna kuɗin shiga da ba tabbatacce ba. Ranar da kuɗin makaranta da na asibiti suka haɗu da na banki a wata ɗaya, ba banki ne zai jira ba.

Masu cewa haya ta fi asara

Mun san abin da wasu za su ce, kuma suna da gaskiyarsu. Kuɗin haya ya tafi ke nan, ba ya barin ko bulo ɗaya. Haya tana hawa, amma biyan rance mai tsayayyen ruwa yana nan inda yake. A Disamba 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin ɗari bisa ƙididdigar gwamnati. A ƙasar da Naira take rage daraja haka, Naira 59,955 da take da nauyi yau za ta yi sauƙi nan da shekara 15. Saboda haka ba mu ce rancen kashi 6 mugun abu ne ba. Wanda ya cancanta, albashinsa kuma ya ɗauka, ya nema, gama kuɗinsa ne ake tarawa a asusun. Bashi hanji ne, yana cikin kowa.

Amma wannan hujja tana aiki ne kawai idan ruwan tsayayye ne, kaɗan ne, albashin mutum kuma yana bin farashi yana hawa. Ba ta kāre rancen kashi 24 mai motsi ba. Wanda ya san lissafi kuma yana da makami a hannunsa. A kan wancan miliyan 10 na shekara 30, ƙara Naira 10,000 kowane wata a kan uwar kuɗi zai gama bashin cikin wajen shekara 21, ya rage kusan miliyan 4 daga jimla. Sai dai a tambaya tun farko ko takardar ta yarda a biya da wuri ba tare da tara ba.

Idan biyan ya tsaya

Jingina ma'anarta gidan ne yake tsaya wa bashin. Idan biya ya gagara, mai ba da rance yana da ikon bin hanyar doka ya sayar da gidan ya cire kuɗinsa. Mun ga a baya cewa a shekarun farko uwar kuɗi ba ta raguwa sosai, saboda haka wanda ya tsaya a shekara ta biyar ko ta bakwai zai tarar kusan dukan bashin yana nan.

Abu biyu ne muke so a duba da idon basira. Na farko mutuwa. Akwai inshorar rai da ake haɗawa da rancen gida domin ta biya ragowar bashi idan mai rancen ya rasu. A tabbata tana nan, ana kuma sabunta ta, matar gida ta san inda takardar take. Ba daidai ba ne gwauruwa ta fara jin labarin bashi daga bakin ma'aikacin banki bayan an dawo daga jana'iza.

Na biyu ya shafi inda muke zaune. Ba mu manta da Kaduna a 2000 da Jos a 2001 ba, inda aka ƙone gidajen Kirista da na Musulmi, wasu kuma suka sayar da nasu a wulaƙance suka sake unguwa. Gida yana iya ƙonewa bashi ya rage. Inshorar gobara ta yau da kullum ba ta ɗaukar ɓarnar tarzoma sai an ƙara wannan sashe an biya kuɗinsa. Kowa ya sa a nuna masa wannan layi a takardarsa, ya karanta da idonsa.

Kira ga dattawa

Dattawanmu, wurinku ake zuwa neman shawara, wani lokaci har a roƙe ku ku tsaya wa mutum. Ku sani wanda ya sa hannun tsayawa ya ɗauki bashin ne idan mai shi ya kasa. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski. Muna roƙo kada dattijo ya sa albarka ko hannu a kan rance sai an kawo masa jadawalin biya, wato takardar da take nuna wata bayan wata nawa ne ruwa, nawa ne uwar kuɗi, nawa ya rage. Mai ba da rance na gaskiya ba ya jin nauyin fitar da ita. Wanda ya ce sai an sa hannu tukuna, a bar masa kuɗinsa.

Da wuya a rasa akawu, ko ma'aikacin banki, ko lauya, ko malamin lissafi a cikin ikilisiyoyinmu. Bari kowace majalisar dattawa ta roƙi mutum biyu ko uku daga cikinsu su zauna da duk wanda yake shirin karɓar rance, shi da matarsa, su karanta takardun tare kafin ranar sa hannu. Zumuntar Mata da ƙungiyar matasa su ba da yamma ɗaya a koya wa membobi wannan lissafi a kan allo. Ba ya bukatar kuɗi, ba ya wuce sa'a biyu.

Ga kowane ɗan'uwa kuma, ka ɗauki kuɗin watan da aka faɗa maka, ka ninka shi sau yawan watanni, ka ɗora kuɗaɗen farko da na inshora a kai. Idan ka dubi wannan adadi kai da iyalinka kuka ce za ku iya, to ka sa hannu da kwanciyar rai. Idan kuwa ya fi ƙarfinku, babu kunya a ƙaramin gida, ko a sayi fili a riƙa ɗora bulo gwargwadon hali. Ubangiji ya ba mu hikima, ya kuma sa mu bar wa 'ya'yanmu gidajen da babu bashi a kansu.